Tunde Kelani: Daga Shagon Hoto Zuwa Fagen Fim

A wannan fitowa filin namu na tarihi zai ɗan leƙa gidan maƙwabta ne. Duk wanda ya yi zama a ƙasar Yarabawa a shekarun 1990, ko a Sabo ta Badun ne, ko Agege, ko Shagamu, ko Abekuta, da wuya a ce bai taɓa zama gaban akwatin talabijin an sa kaset ɗin fim ɗin Yarabanci ba. Da yawa daga cikinmu mun kalli irin waɗannan finafinai a shagon maƙwabci ko a tsakar gidan haya, wanda ya ji yaren yana fassara wa wanda bai ji ba. A cikinsu kuwa akwai waɗanda da ganin hoton ka san aikin gwani ne, domin hasken ya zauna, fuskokin mutane sun fito fes, maganar kuma ba ta shaƙe ba. In ka duba bangon kaset ɗin sai ka ga an rubuta Mainframe, tare da kalmar Opomulero, wato ginshiƙin da ke riƙe da gida. Mai wannan kamfani shi ne Tunde Kelani, wanda mutanensa ke kira TK.

Dalilin da ya sa muka zaɓi tarihinsa shi ne, sana'ar fim a ƙasar nan ta taɓa mutuwa sau ɗaya, sannan ta sake tashi da wata kama dabam. Mutane da yawa da suka yi suna a zamanin farko sun nutse tare da ita. Shi kuwa wannan bawan Allah ya haye, kuma abin da ya fisshe shi bai wuce sanin sana'ar tun daga tushe ba. Ya riƙe kyamara shekara ashirin da wani abu kafin ya zauna a kujerar mai ba da umarni, kuma bai taɓa raina alƙalami ba.

Yaron Abekuta

An haifi Tunde Kelani a Legas ranar 26 ga Fabrairu, 1948. Yana ɗan shekara biyar aka kai shi Abekuta wurin kakansa, wanda yake mai riƙe da sarautar gargajiya ne. Kowa ya san yadda gidan mai sarauta yake: kullum ba a rasa baƙi, da makaɗa, da masu kawo ƙara, da dattawa masu magana cikin karin magana. A nan yaron ya sha Yarabanci irin na manya, ya ga al'adun da daga baya suka cika finafinansa. Ya yi firamare a garin, sannan ya shiga makarantar sakandare ta Abeokuta Grammar School.

Abubuwa biyu suka kama zuciyarsa tun yana ɗalibi. Na farko littattafai, musamman na D.O. Fagunwa, marubucin nan da ya fitar da Ogboju Ode Ninu Igbo Irunmale a 1938, labarin wani maharbi a dajin aljanu. Haka kuma yana zuwa kallon 'yan wasan kwaikwayo masu yawo gari-gari, irin su Hubert Ogunde da Duro Ladipo da Kola Ogunmola. Na biyu kuwa hoto. Ya mallaki 'yar kyamara tun yana makaranta, da ya gama kuma sai ya shiga shagon mai hoto a matsayin yaron gida mai koyon aiki.

Kada mai karatu ya raina wannan mataki. A wancan zamani mai hoto ba ya ganin abin da ya ɗauka sai ya shiga ɗakin duhu ya wanke fim da magani. In ya yi kuskuren auna haske, hoton ya tafi ke nan, amarya kuwa ba za ta sake yin kwalliyar ranar biki don shi ba. Wanda ya koyi aiki a haka dole idonsa ya buɗe, ya san bambancin hasken hantsi da na la'asar, ya san yadda baƙar fata take shan haske.

Makarantar talabijin

A 1959 gwamnatin Jihar Yamma ƙarƙashin Cif Obafemi Awolowo ta buɗe tashar talabijin ta WNTV a Badun, wadda ita ce ta farko a Nijeriya. A 1970 Kelani ya shiga wannan tasha don koyon ɗaukar hoto mai motsi. Labaran talabijin a lokacin da fim ake ɗaukarsu, irin mai faɗin milimita 16, wanda naɗi ɗaya mai ƙafa 400 ba ya wuce minti goma sha ɗaya. Saboda haka mai ɗaukar labari ba ya danna kyamara sai ya tabbata abin da ke gabansa ya cancanci a ɓata masa fim. Wannan tsimi ya zame masa jiki.

Daga nan ya yi wa BBC da kamfanin dillancin labarai na Reuters aiki. Aikin ya kai shi Habasha lokacin fari, ya kuma kai shi Zimbabuwe lokacin da ta sami 'yancin kai a 1980. A tsakanin haka, a 1976, ya tafi makarantar koyon fim ta Landan, inda ya karanci sana'ar baki ɗayanta, daga tsara labari zuwa haɗa hoto da sauti. Ya dawo gida a daidai lokacin da ake neman irinsa ruwa a jallo.

Zamanin majigi

Abin da ya faru shi ne, 'yan wasan kwaikwayon nan masu yawo sun gano cewa maimakon a kwashi mutum arba'in da ganguna da kayan ado a babbar mota, ana iya ɗaukar wasan a fim sau ɗaya, a riƙa yawo da majigi. Ola Balogun ne ya buɗe ƙofa da Ajani Ogun a 1976, wanda Adeyemi Afolayan, wato Ade Love, ya fito a ciki. A wannan shekarar ce kuma Adamu Halilu ya fitar da Shaihu Umar da Hausa, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Ogunde ya biyo baya da Aiye, sauran manyan 'yan wasa kuma kowa ya ɗaura ɗamara.

To amma fa waɗannan mutane gwanayen dandali ne, ba su san kan kyamara ba. Sai suka riƙa neman wanda zai riƙe masu ita. A shekarun 1980 Kelani ya ɗauki hoton finafinai da dama, cikinsu har da Taxi Driver da Iya Ni Wura na Ade Love, da Anikura, da Ogun Ajaye. Ya kuma shiga haɗin gwiwa aka mayar da littafin Adebayo Faleti mai suna Idaamu Paadi Minkailu zuwa fim. Wannan shi ne mafarin doguwar hulɗa tsakaninsa da Faleti.

A waɗannan shekaru ya ga ciki da wajen sana'ar. Ya ga yadda ɗan wasan da ya saba ɗaga murya don na bayan zaure ya ji yake shan wahala kafin ya koyi magana a hankali gaban kyamara. Ya ga yadda ake kashe dukiya a ɗauki fim, a aika da shi Landan a wanke, a zauna makonni ana jiran a ga ko aiki ya yi kyau. Ya kuma ga abin da ya sami Moses Olaiya, wato Baba Sala, wanda ya ci bashi ya yi Orun Mooru a 1982, ɓarayi suka kwafe fim ɗin suka watsa shi kasuwa, mutumin ya shiga halin ni 'yasu na shekaru.

A 1990 aka fitar da Mister Johnson, fim ɗin Turawa da Bruce Beresford ya ba da umarni, wanda aka ɗauka a Toro ta Jihar Bauci, Pierce Brosnan yana cikin manyan 'yan wasa. Kelani ya yi aiki a ciki a matsayin mataimakin mai ba da umarni. Wannan ne fim na ƙarshe da Ogunde ya fito a ciki, domin a watan Afrilun wannan shekara ya rasu. Kamar dai rasuwar tasa ce ta rufe babin zamanin majigi.

Ranar da naira ta karye

Dattawanmu 'yan kasuwa ba sa bukatar a tuna masu da 1986, shekarar da gwamnatin Janar Babangida ta kawo shirin tsuke bakin aljihu da aka sani da SAP. Kafin nan naira ɗaya ta kan yi kusan kai ɗaya da dalar Amurka. Zuwa 1993 sai mutum ya ba da fiye da naira ashirin a farashin gwamnati kafin ya sami dala ɗaya. Fim kuwa komai nasa daga waje yake, da ɗanyen fim ɗin, da wanke shi, da buga kwafi. Ga shi kuma jama'a sun rage fita dare saboda rashin kuɗi da tsoron 'yan fashi. Gidajen silima suka riƙa rufewa ɗaya bayan ɗaya, wasu suka koma ɗakin ajiyar kaya, wasu wurin ibada.

Daga nan sai kaset ɗin bidiyo ya shigo. A Kano ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a 1990, a Legas kuma Living in Bondage na Kenneth Nnebue ya girgiza kasuwa a 1992. Da yawa daga cikin waɗanda suka yi karatun fim a Turai sun ɗaga hanci, suna ganin bidiyo abin ɗaukar biki da suna ne, bai kai a kira shi fim ba. Wasunsu ba su sake yin wani aiki ba har suka tsufa. Su kuma 'yan kasuwar da suka rungumi bidiyon, akasarinsu ba su damu da haske ko sauti ba, in dai kaset zai fito a cikin mako guda.

Kelani sai ya bi tsakiya. Ya karɓi bidiyo tun da shi ne abin da hali ya bayar, amma ya riƙe shi da irin ladabin da ya koya a zamanin fim mai tsada. Hausawa sun ce in kiɗa ya canza, rawa ma sai ta canza, to amma gwanin rawa ko da wane kiɗa gwani ne. A 1991 ya kafa Mainframe, a 1993 kuma ya fitar da Ti Oluwa Ni Ile, wato ƙasa ta Ubangiji ce, inda Kareem Adepoju, Baba Wande, ya fito a matsayin basarake. Labarin wasu maha'inta ne da suka haɗa baki da mai sarauta suka sayar da filin gado na gari, wanda mutanen garin ke girmamawa, daga nan mutuwa ta riƙa ɗaukarsu ɗaya bayan ɗaya. Duk wanda ya taɓa sayen fili a ƙasar nan aka zo daga baya aka ce masa wani ma ya saya, ya san inda labarin ya dosa. Fim ɗin ya karɓu har sai da aka yi masa kashi uku.

Shi da marubuta

A nan ne ya kamata mu tsaya mu dubi ɓangaren rubutu, domin shi ne sirrin da mutane ba su cika lura da shi ba. A lokacin da ake shiga daji da 'yan wasa ba tare da rubutaccen labari ba, kowa ya faɗi abin da ya zo bakinsa, Kelani ya ƙi yarda ya kunna kyamara sai da takarda a hannu. Wani labarin da hannunsa a cikin tsara shi, amma mafi yawa ya kan je ne ya ɗauko littafin da aka riga aka wallafa, ya zauna da marubucin su sake gina shi yadda zai dace da ido. Abin da littafi zai ɓata shafi biyu yana bayyanawa, mai kyamara ya san yadda zai nuna shi da kallo ɗaya na ɗan wasa. Wannan sani shi yake kawowa teburin rubutu.

Manyan abokan tafiyarsa biyu ne. Ɗaya shi ne Faleti, tsohon ma'aikacin gidan talabijin na Badun, mawaƙi kuma masanin harshe. Ɗayan kuma Farfesa Akinwumi Isola. Daga rubutun Isola aka yi Koseegbe a 1995, labarin wani jami'in kwastan mai gaskiya da aka yi wa taron dangi don ya ƙi cin hanci. Daga littafinsa kuma aka yi O Le Ku a 1997, labarin soyayyar wani ɗalibin Jami'ar Badun a shekarun 1970. Telolinmu za su iya tuna abin da ya biyo baya: 'yan matan Yarabawa suka koma ɗinka gajeren zane da riga mai gajeren hannu irin na wancan zamani, har yau kuma sunan wannan ɗinki oleku. Ka ji fa ƙarfin fim.

Gangar da ta kashe sarki

Aikin da ya fi ɗaukaka sunansa shi ne Saworoide na 1999, wanda Isola ya rubuta. A wani gari da aka kira Jogbo, al'ada ita ce duk wanda zai hau gadon sarauta sai an yi masa tsaga an ɗaura masa alkawari tsakaninsa da jama'a. Akwai kambun tagulla, akwai kuma wata ganga mai ƙararrawar tagulla, ita ce saworoide. Sarkin da ya sa kambun ba tare da ya ɗauki alkawarin ba, in aka kaɗa gangar, ciwon kai zai kashe shi. Lapite, wanda Kola Oyewo ya fito a matsayinsa, ya ƙi yarda a yi masa tsagar, domin ya ji cewa sarkin Jogbo ba ya tara dukiya, shi kuwa kuɗi ya zo nema. Ya haɗa kai da kamfanonin yankan katako suka yi ta cinye dajin garin. Da matasa suka tayar da ƙayar baya suka ɗauke kambun, sai ya kira soja. Hafsan sojan, Lagata, ya ƙwato kambun, ya kashe Lapite, ya haye kujerar da kansa. Ranar da ya ɗora kambun a ka, wani matashin makaɗi ya kaɗa gangar, nan take ya faɗi.

Ba sai an yi wa kowa fassara ba. An soke zaɓen 12 ga Yuni a 1993, Janar Abacha ya rasu a Yunin 1998, soja suka miƙa mulki ranar 29 ga Mayu, 1999. Masu kallo suka ga katakon Jogbo suka tuna da man fetur. Faleti da kansa ya fito a matsayin wani tsoho a fada, wanda yake kishingiɗe kamar mai barci alhali yana ganin komai, yana jefa magana cikin waƙa. A wannan fim ne kuma Kunle Afolayan, ɗan Ade Love, ya fara fitowa, wanda daga baya shi ma ya zama babban mai shirya fim. A 2002 aka yi ci gabansa, Agogo Eewo, inda masu naɗin sarki suka ɗauko wani tsohon ɗan sanda suna zaton za su juya shi, sai ya juya masu baya ya sa su rantsuwa a bainar jama'a.

Bayan shekarar 2000

Daga nan ayyukansa suka riƙa taɓo al'amuran zaman tare. Thunderbolt na 2001, daga labarin Faleti, ya ba da labarin Ngozi, 'yar ƙabilar Ibo da ta auri Bayarabe, zargi da gulmar dangi suka shiga tsakaninsu har mijin ya sa mata magun, asirin nan da ake cewa yana kashe duk namijin da ya kusanci matar. Mu da muke zaune cikin wasu ƙabilu, muke kuma ganin irin wannan aure a unguwanninmu, mun san ba tatsuniya ba ce yadda maganar waje take rushe gida. Abeni na 2006 ya ratsa iyaka tsakanin Nijeriya da Kwatano, yana nuna Yarabawan da Turawa suka raba biyu. Arugba na 2008 ya ɗauko budurwar da ke ɗaukar ƙwarya a bikin Osun na Oshogbo ya gina labari a kanta. Maami na 2011 daga littafin Femi Osofisan ne, Funke Akindele ta fito a matsayin uwa mai fama da talauci don ta raini ɗanta. Dazzling Mirage na 2014 kuwa a kan cutar sikila ne, cutar da ba ta san ƙabila ba, wadda gidaje da yawa a cikinmu suke jinyarta a ɓoye.

A 2017 ya yi Sidi Ilujinle, wasan Wole Soyinka da aka mayar Yarabanci. Faleti ya rasu a 2017, Isola ya bi shi a 2018, ginshiƙai biyu ke nan suka faɗi. Duk da haka a 2021, yana da shekara 73, ya koma Abekutar da ya tashi ya yi Ayinla, tarihin mawaƙin apala Ayinla Omowura wanda aka kashe a 1980 a wata rigima da manajansa.

Ɓarayin gumi

Kada a ɗauka tafiyar duk daɗi ce. Cutar da ta kwantar da Baba Sala ba ta bar Kelani ba. Fim ɗin da ya ɗauki shekara ana aikinsa, kwana kaɗan da fitowarsa sai ka gan shi a hannun masu talla a gefen titi, an kwafe shi a faifan jabu ana sayarwa a kuɗin da bai taka kara ya karya ba. Haka ta faru da Arugba, haka ta faru da Maami da aka sake shi a faifai a 2014. Ya yi ta kuka da wannan a gaban 'yan jarida. A nan kuwa sai mu faɗi gaskiya, mu masu kallo ma muna da namu kason laifin, domin da yawanmu mun sayi na jabun muna murna mun sami araha. Mai sayen kayan sata ai shi ke ƙarfafa wa ɓarawo gwiwa.

Maganin da ya nema shi ne komawa ga dabarar iyayen gidansa na farko, wato yawo da majigi. Ya riƙa ɗaukar allo da janareta yana kai fim unguwa-unguwa da makarantu, mutane su taru a fili su kalla tare. Ya kuma buɗe makarantar koyar da sana'ar fim a Abekuta, don abin da ya tara a kansa kada ya tafi da shi.

Yau kowane yaro yana da kyamara a cikin wayar aljihunsa, wadda ta fi waɗanda aka ɗauki Ti Oluwa Ni Ile da su kyawun hoto. Amma har gobe in an sa finafinan nan na Mainframe mutane suna zama su kalla har ƙarshe, alhali dubban kaset-kaset da aka yi tare da su ko sunansu ba a tunawa. Matasanmu da ke sha'awar wannan sana'a, da masu zuwa suna tambayarmu ta ina ake farawa, sai su dubi ta inda wannan mutum ya fara: shagon mai hoto, da ɗakin duhu, da littattafan harshensa da ya karance tun yana ɗan makaranta.

Sai mun haɗu a fitowa ta gaba. Wassalam.